Bangon Zakariya'u

Kulsum ce ta raini ƙaninta Zakariya'u a gidansu na gado da ke unguwar New Bell, don haka take ganin babu abin da zai ɓuya mata game da shi. Tun yana ƙarami ba shi da surutu, ba ya ƙwallo, lissafi kawai ya sa a gaba. Da ya gama lise, wato sakandare, ya samu aiki a wata masana'antar sabulu a Bassa, shi ke kula da lokacin shigar ma'aikata da fitarsu. Ya auri Fauziya, suna zaune lafiya.

Da tattalin arziki ya karye aka rufe masana'antar. Ana cikin haka aka shiga kwanakin da ake hana kowa fita, kasuwa a rufe, titi babu mota sai hayaƙin taya. A irin wannan rana naƙuda ta kama Fauziya. Aka rasa taksi, aka ɗora ta a amalanke, kafin a isa asibiti rai ya yi halinsa.

Bayan sadakar arba'in Zakariya'u ya sayo alli, ya fara cika bangon tsakar gida da lambobi da layuka. Kulsum ta zuba masa ido har ta gaji.

"Wai ɗan nan, me kake yi wa bangon Baba?"

"Yaya, duniya ba ɗaya ba ce," ya ce. "Jere suke kamar ninkin atamfa. Duk inda abu zai iya faruwa ta hanya biyu, duniya takan rabu biyu. Lokaci shi ne zaren da ya ɗinke su. In ka raba yini, ka sake rabawa, akwai ragowar da ba ta rabuwa, ita ke zubewa a duniyar da ke maƙwabtaka da tamu. Wanda ya gano girman ragowar nan zai san nisan da ke tsakaninmu da duniyar da aka samu taksi."

Kulsum ta yi salati ta koma kan kaskon ƙosanta.

Unguwa kuwa ta ɗauka. Wasu suka ce rahoto yake rubuta wa jandarmomi a ɓoye, tunda an kwashe samari daga layin. Wasu suka ce asiri ya shiga, matarsa ya bayar. Masu sayen ƙosai suka ragu, waɗanda ke zuwa ma leƙen bango ke kawo su.

Sai ga wani Misye Sali ya fara zuwa wurin Zakariya'u daga unguwar masu kuɗi ta Bonapriso cikin mota mai sheƙi, a lokacin da manyan ma'aikata ma ke tafiya a ƙasa. Ya ce shi masoyin ilimi ne. Yakan zauna su yi ta Faransanci, ya ɗauki bangon hoto. Kulsum ba ta yarda da shi ba tun ranar farko. Mutumin yana gyaɗa kai da yawa, kuma bai taɓa yin tambaya ba.

Wata safiya a Babbar Kasuwa, Kulsum tana auna wake, wata mata ta riƙo mayafinta.

"Ke ce yayar malamin lokaci? Don Allah yaushe layi zai zo kan maigidana? Mun sayar da keken ɗinki mun ba Misye Sali, ya ce za a mayar da shi shekarar da ba a kore shi daga aiki ba."

Kulsum ta bar waken ta nufo gida. Ta tarar da Zakariya'u a tsaye da alli.

"Ka san abin da abokinka yake yi da bangon nan?"

Da ta gaya masa, ya zauna a kan turmi. Can ya ce, "Lissafi ne kawai, Yaya. Babu ƙofa a cikinsa. Na gaya masa babu ƙofa."

"To, takalmin da ke ƙafarka fa, wa ya saya?"

Ya dubi takalmin. "Kyauta ya ba ni."

Maganar ta kai gaban mai unguwa. Mutanen da aka cuta suka cika zaure, Sali kuwa an neme shi an rasa, a gidan da ya ce nasa ne ma ba a san shi ba. Zakariya'u ya rantse bai san komai ba. Dattawa suka karɓi rantsuwarsa, amma aka daina matsa masa wuri a sahun masallaci.

Da damina ta ja baya ya hau jirgin ƙasa zuwa Ngaoundéré, inda wata makaranta ta ɗauke shi koyar da lissafi. Ya yi shekaru a can, bai sake aure ba, iyayen yara suna yabon haƙurinsa. Kulsum ta kai masa ziyara da sallah, ya tarbe ta da murna, ya yanka mata kaza. Tana ci tana kallon fuskarsa. Ta so ta sake tambayarsa ko ya san abin da Sali ke yi tun farko, sai ta ga furfura ta fito masa, ta fasa. In maƙwabta suka tambaye ta takan ce ƙaninta ba ya ƙarya, kuma takan faɗi hakan da ƙarfi fiye da yadda take ji a ranta.