Malam Sha'aban, Mai Raba Hasashe da Duba

Malam Sha'aban Dabo ya ajiye alli. A ƙarshen zangon karatun da ya wuce ne ya yi ritaya daga koyar da Turanci a wata makarantar sakandare da ke ƙasar Mai'adua, bayan hidimar da ta kai shi ga koyar da 'ya'yan ɗalibansa na farko. An yi walima, an sha lemo, an watse. Sai dai aikin da manoman yankin suka fi saninsa da shi babu wanda ya ambata a wurin, domin ba gwamnati ce ta ɗora masa ba.

Kowace ranar kasuwa, in damina ta gabato, yakan kafe babur ɗinsa a gindin darbejiyar da ke gefen mai shayi, ya goge tabarau, ya zauna a benci. Sai a fara miƙo masa wayoyi. Saƙonnin hasashen yanayi ne da ke shigo wa manoma cikin Turanci. Shi ke karantawa, ya mayar da su Hausa, bai ƙara gishiri ba, bai rage ba.

Abin bai fara da daɗi ba. Shekarar da ya soma, shamuwa ta sauka da wuri, ruwan farko ya zuba kamar da bakin ƙwarya, kowa ya ɗauki sungumi. Saƙon kuwa cewa ya yi ana sa ran ruwa zai ɗauke bayan wannan. Malam ya ba da shawara a shuka rabin iri, a ajiye rabi.

Baba Maliki, ƙanen mahaifinsa, ya dube shi sama da ƙasa.

"Sha'aban, tun kafin a yanke maka cibi nake shuka da saukar shamuwa. Yanzu kuma duba ka buɗe a waya? Ina farantin yashin naka?"

Aka kwashe da dariya. Amma dariyar ba ta tsaya a kasuwa ba. Nan da nan magana ta kai masallaci cewa malamin boko yana faɗin gaibu, iyaye suka fara tambayar abin da yake koya wa 'ya'yansu. Malam ya san garinsu. Wanda aka liƙa wa sunan ɗan duba ya gama koyarwa ke nan.

Bai jira a kira shi ba. Ya je zauren Liman Munzali, ya tuɓe takalmi, ya gaishe shi.

"Allah ya gafarta Malam, Bature ma bai zuba hasashe da duba a kwando ɗaya ba. Abin da yake kira omen alama ce da mutane ke fassarawa, kamar kukan mujiya ko saukar shamuwar Baba. Prophecy na Annabawa ne, wannan ƙofa kuwa an rufe ta. Wanda nake karantawa forecast ake ce masa, kirdado ne da na'ura. In hadari ya taso daga gabas, Malam yakan ce a kwashe shanya?"

"Nakan ce."

"In an kwashe, hadarin kuma ya baje fa?"

Liman ya yi murmushi. "Sai a sake shanyawa. Amma ka riƙa cewa Allah ne Masani."

"Da shi nake rufewa, Malam. Su ne ke tashi kafin in ƙarasa."

A shekarar ruwa ya ɗauke, shukar farko ta ƙone, waɗanda suka rage iri suka sake shuka. Mai son yabo zai tsaya a nan. Waɗanda suka san shi kuwa sun fi tuna wata daminar, wadda saƙo ya ce a jinkirta shuka, aka jinkirta, ruwa kuma bai ɗauke ba. Geron Baba Maliki, da ya bi shamuwarsa, ya riga na kowa fitar da kai. Masu jin maganar Malam ruwa ya yanke musu tun zangarniya ba ta cika ba.

Matarsa Murjanatu ta roƙe shi ya ƙaurace wa kasuwa har ƙura ta lafa. Ya ce mata in ya ɓuya yau to ya yarda duba yake yi, domin ɗan duba ne ke gudu in maganarsa ta ƙi ci. Ya je ya zauna a bencinsa. Wani manomi mai suna Hafizu ya zo ya ajiye masa wata ƙyamusasshiyar zangarniya a cinya.

"Ga hasashenka nan, Malam. Kai gida a dama maka fura."

"Ya kuskure, Hafizu, kuma zai sake kuskurewa. Abin da aka rubuto na faɗa muku, amma hasarar ta dame ni."

Ya ɗauki zangarniyar ya sa a aljihu. Da damina ta zagayo, Hafizu ne ya fara miƙo waya.

Malam, kai ne ba ka taɓa mayar da "mai yiwuwa" ya koma "tabbas" don a yaba maka ba. Kai ne ka zauna aka yi maka ba'a a ranar da za ka iya cewa zazzaɓi ya kwantar da kai. Ba ka raina shamuwar Baba ba, ba ka kuma bari an ɗauki waya kamar wahayi ba. Mun gode, Allah ya saka da alheri. Ɗalibanka da suka cika garin nan, kowanne daga cikinsu ya isa ya riƙe bencin, in zai iya dawowa ranar da hasashe ya kuskure.

Yanzu idon Malam ya yi rauni. Likita a Daura ya ce yanar ido ce, ana jiran ranar da za a yi masa aiki. Makon jiya shamuwa ta sauka a kan kukar da ke bayan gidan Baba Maliki, saƙo kuma ya shigo wayar Hafizu. Baba Maliki da kansa ya aika a tambayo abin da wayar ta ce. Hafizu ya je gindin darbejiya ranar kasuwa, ya tarar da bencin babu kowa. Har yanzu irinsa na cikin buhu.