Kaset ɗin Baba yana cikin na'urar Malam Habibu

Innalillahi wa inna ilaihi raji'un. Da safen nan ina cikin jirgin ƙasa na LRT aka kira ni: Malam Habibu ya rasu. Faɗuwa ya yi a bakin masallaci bayan Asuba, kafin a kai shi asibiti rai ya yi halinsa.

Shekaranjiya fa muka ci gurasar roti tare a mamak, gidan abincin nan na unguwar Sri Petaling.

PhD ya zo yi a nan ƙasar waje, amma mu da gyaran tsofaffin finafinai muka san shi. Duk wanda ya je hutu gida sai ya dawo masa da kaset na da, ya goge, ya mayar da shi HD, hoto tar kamar jiya aka ɗauka.

Ni kuwa wauta na tafka. Baba, Allah ya jiƙansa, ya taɓa fitowa a wasan kwaikwayo kafin a haife ni, kuma kaset ɗaya tak ya rage. Shekara da shekaru yana akwatin Hajiya, mahaifiyata, a Kano lafiya lau. Na kawo shi nan na jefa a durowa, na manta garin nan saboda damshi ko takalmi ka ajiye sai ya yi fumfuna.

Da Malam ya buɗe sai ya riƙe baki. "Haba Sadiku, ka zaci nan Kurna ce?"

Sati uku yana bin zaren kaset ɗin da auduga, bai ƙara yi min gori ba.

Ran nan a mamak ya miƙo min wayarsa. Bidiyo ne na minti biyu kacal. Ga Baba yana dariya, har wushiryarsa ta fito.

Ya ce, "Sauran yana cikin na'ura. Zaren ya ruɓe, sau ɗaya zai iya wucewa. Kar kowa ya taɓa sai ni. Boleh?"

Na ce boleh, wato na yarda.

Yanzu makullin ɗakinsa da na'urar take ciki yana aljihuna, kuma wallahi tsoro nake ji. In na danna maɓallin na'urar, zaren na iya tsinkewa. In na bari, fumfuna ta ƙarasa shi. Ga shi na riga na yi wa Hajiya albishir za ta ga mijinta da Sallah.

Allah ya gafarta maka Malam, ya haskaka kabarinka yadda ka haskaka fuskokin iyayenmu. Ya ba iyalanka haƙuri.

Don Allah ku yi masa addu'a. Ni ma ku sa ni, daga maƙabarta ɗakin zan wuce.