Irin Dawar Gwaggo

A gidanmu na Gammo, ƙanwar babana ba ta da suna sai sokuwa. Tana da nauyin baki; kafin ta haɗa amsa, mai tambaya ya gaji ya wuce. Duk kaka takan yini a gayaunarta tana shafa zangarniyar dawa ɗaya bayan ɗaya, ta ɗaura wa wasu tsumma. Waɗannan take yankowa ta rataye a rufin madafi, hayaƙi ya yi ta dukansu har su yi baƙi. Mu kuwa sai dariya, wai Gwaggo na ɗaura wa dawa ɗankwali.

Shekarar da na gama kwaleji aka kwantar da ita a asibiti a Gwarzo. Matan gida suka ce a sauke wannan ƙazanta ta rufin madafi kafin ta dawo. Ni na hau turmi na kwance su. Ni mai boko, mai cika bayan littafi da waƙoƙin damina. Na watsa wa kaji, na tsaya ina sha'awar yadda suke tsattsaga.

Da ta dawo, ta daɗe tana kallon rufin. Ta tambayi wanda ya sauke, aka nuna ni, aka ce mata ta gode an share mata datti.

"Uwata," haka take kirana don sunan mahaifiyarta na ci, "har ke ba ki tambaye ni ba?"

Tana tsayawa tana ci gaba, ta ce irin da mahaifiyarta ta bar mata ne. Tsumman alama ce ta zangarniyar da ta riga nuna, wadda ciyawar wuta-wuta ba ta kassara ba. Hayaƙin ke hana ƙwari. Tun kafin a haife ni take wannan zaɓe, kuma ba wanda ya taɓa jira ta kai ƙarshen zance sai ranar da babu amfani.

Da damina ta shuka irin kasuwa kamar kowa, wuta-wuta ta cinye gayaunar. Baba ya ce dama ina sokuwa ina noma. Shekara da shekaru dawarta na fin tasa kyau yana cewa sa'a ce.

Har yau in na ji an kira wani soko, zuciyata tafasa take. Ina jin haushin gidanmu, amma na fi jin haushin wadda ta hau turmin. Gwaggo ba ta sake ɗaura tsumma ba.