Tarihin Baba Taƙi-Biyu, Mai Karanta Ruwa

Haihuwa da Karatu

An haifi marigayi, wanda daga baya gari ya san shi da Baba Taƙi-Biyu, a shekarar 1947, a wani gari da ke bakin kogi. Mahaifinsa mai fito ne da kwalekwale, mahaifiyarsa kuwa maɗinkiya ce. Ya yi firamare shekara bakwai, inda malamansa suka shaide shi da kyawun rubutu da ƙarancin magana.

Aiki da Aure

A shekarar 1969 hukumar ruwa ta ɗauke shi aikin karanta ma'auni, wato wani dogon ƙarfe mai lambobi da aka kafa a gindin gada domin sanin hawan kogi da saukarsa. Kullum, bakwai na safe da biyar na yamma, yakan gangara ya duba inda ruwa ya tsaya ya rubuta, ranar Litinin kuma ya cika kwalba ya aika a gwada tsabtarsa. A 1973 ya auri ɗiyar wani kafinta, mace mai barkwanci, wadda takan ce masa, "Maigida, ai ko kogin nan ya gaji da ganin fuskarka."

Kuskurensa

A daminar 1978 ruwa ya taho da wani kututture ya tumɓuke ma'aunin. Ƙa'ida ita ce a kai rahoto, a jira masu awon ƙasa su sake kafawa. To amma a lokacin ana rage ma'aikata, ga goyo ga ciki a gida, sai tsoro ya kama shi kada a ce sakacinsa ne. Ya kafa ƙarfen da kansa, da ido kawai, ya ja bakinsa ya yi shiru.

Sai bayan shekara takwas, da ya ga ruwa ya shafe wani dutse alhali lamba ba ta kai inda ta saba ba, ya auna ya tarar ashe ya ɗaga ƙarfen da taƙi biyu. Ke nan duk abin da ya rubuta tun daga ranar ya gaza ainihin tsayin ruwa. Aikin gama kuwa ya riga ya gama, domin da lambobin nan nasa aka shata iyakar ambaliya, aka yanka filaye a gangare, aka kafa sabuwar unguwa.

Neman Gyara

Daga 1986 zuwa 2003 ya rubuta wa hukuma wasiƙa goma sha ɗaya yana tona asirin kansa, kowane sabon shugaba kuma amsarsa ɗaya, za a duba. Wani ma dariya ya yi, ya ce, "Haba Malam, taƙi biyu ne fa, ba kogin ka sayar ba!" Da ya gaji da zaman benci a ƙofar ofis, sai ya koma bin unguwar gida-gida yana roƙon magina su ƙara tsayin tushe da taƙi biyu, kuma a nan ya samo laƙabinsa. Babban ɗansa ma da ya tashi gini can ya nufa, da uban ya gargaɗe shi sai ya ce, "Baba, ka yi haƙuri, injiniyoyi ne suka auna wurin nan." Kunya ta kama tsohon, don ya san lambobinsa ne injiniyoyin suka karanta.

Ritaya da Tsufa

Ya yi ritaya a 2004, aka maye gurbinsa da wata na'ura mai aika lambobi da kanta, aka kuma ɗaure ta a jikin ƙarfen nan yadda yake. Daga nan duk damina sai ya rame kamar mai jinya, hadari na haɗuwa abinci ya fita ransa. Babbar ambaliyar da yake tsoro ba ta zo ba a zamaninsa, bai kuma taɓa samun sukuni ba, domin ya san jinkiri ne kawai. Matarsa ta riga shi rasuwa a 2011.

Rasuwa

Allah ya yi masa cikawa ranar 9 ga Maris, 2015, tsakiyar rani, kogi duk yashi, bayan doguwar jinyar ƙafa, yana da shekara sittin da takwas. An yi masa sutura, aka binne shi a maƙabartar kan tudu. Allah ya gafarta masa. Ya bar 'ya'ya biyar: direba, malamar makaranta, makaniki, ungozoma, da auta mai sayar da katako. Uku daga cikinsu, da jikoki goma sha huɗu, suna zaune a sabuwar unguwa har yau.