Mahaifiyata a Finafinan Masar

Mahaifiyata ta rasu a gidanmu na unguwar Bani Harisa a Madina ba ta bar hoto ba. Na jikin takardar zamanta kaɗai ya rage, shi ma ya koɗe, ba a ganin komai sai mayafi. Sauran ita da kanta ta ƙona su, shekarar da ta auri mahaifinmu suka tare a Madina. Ba wanda ya sa ta.

Kafin auren ta yi fim a Alƙahira. A Sudan aka haife ta, kan hanyar iyayenta daga ƙasar Kano zuwa hajji. Ta tashi a Alƙahira tana aikatau a gidan wani tela mai ɗinka wa 'yan fim kaya, shi ya fara kai ta wurinsu. A finafinan nan marasa kala, ita ce mai buɗe ƙofa, mai kawo gahawa, mai rainon ɗan masu gida. Maganarta ba ta wuce "To, uwar ɗakina" da Larabcin Masar. Ba a rubuta sunanta cikin 'yan wasa. Iyakar abin da ta gaya mana ke nan, shi ma sai an matsa mata.

Bayan an tashi zaman makoki na lura fuskarta ta fara ɓace mini. Ina tuna hannunta, ina tuna tafiyarta, amma fuskar ta ƙi zuwa. Sai na shiga bin tsofaffin finafinai a waya, ina tsayar da hoto duk inda 'yar aiki ta fito. Suna da yawa, kuma ba a kawo su kusa.

Na kai waɗanda na tara wurin ƙanwarta a unguwar Al-Awali, inda take zaune bayan wata gonar dabino. Inna muke ce mata. Ta sa tabarau ta duba ɗaya bayan ɗaya.

"Ke 'yar nan, duk baƙar da ta ɗauko faranti uwarki ce? Wannan ai ta yi biyunta."

"Inna, to yaya zan gane ta?"

"Bar bin ƙofa. Nemi wurin biki."

Ta ba ni labarin da ban taɓa ji ba. Ranar da aka fara sa mahaifiyata cikin 'yan rakiyar amarya, aka ce mata su yi guɗa. Matan Masar suka kare baki da tafin hannu suna kaɗa harshe. Ita kuwa ta kama hanci da yatsu biyu ta rangaɗa irin tamu, yadda ta ga uwarta na yi. Daraktan ya tsayar da aiki, ya tambaye ta ko wari take ji. Aka yi ta dariya. Aka nuna mata tasu, ta koya, amma da an buga ganga sai hannun ya koma hanci. Da ya gaji sai ya mayar da ita layin baya.

"Tun daga nan, kowane biki tana baya," in ji Inna. "Taurin kai ne, ta ce wai mantuwa."

Na koma ina tsallake komai sai biki. Na daɗe ina yi. Wata ranar Laraba da hantsi, ina jiran wanki ya gama, na same ta. Amarya na saukowa daga bene, mata sun cika falo, can kusa da labule wata siririya ta kama hanci, ta ɗaga kai. Muryarta ta fita daban, ta fi sauran tsini. Kafin na gyara zama an wuce.

Hannun ya rufe daga hanci zuwa haɓa. Goshi da idanu kawai ake gani.

Na koma Al-Awali da yamma. Inna ta kalla, ta ce a mayar, ta sake kalla.

"Ita ce. Ji ta, ja'ira, kamar an aiko ta."

Ta cire tabarau ta daɗe tana goge shi da bakin mayafi.

Fuskar tsohuwa nake nema, wannan kuwa ta yarinya ce da ban taɓa sani ba, rabinta a rufe. Amma idanun ba su canza ba. Daga su nake farawa yanzu. Wata rana sauran fuskar ta biyo, wata rana ba ta biyowa.