Abin da Ban Faɗa wa Alƙali Ba

A shekarun da kuɗin mai suka shigo, kowa ya tashi ya zama ɗan kwangila, ni kuwa injin niƙa na saya. Shanun huɗata biyu da rabin gonar gado na sayar. Na kama hayar shago a bakin titi a Sheme, wurin wani Alhaji, aminin mahaifina tun suna samari. A zaurensa ya ce mini, gaban wani manomi maƙwabcinmu: “Zauna shekara goma, ɗana, wa zai tashe ka?” Aka raba goro, aka shafa fatiha. Takardar da malamin makaranta ya rubuta mana kuwa shekara ɗaya ta ce, wai kowace shekara a sabunta. Na gani sarai. Amma da wane baki zan ce wa Alhaji, wanda nake kira Baba, ya rubuta abin da ya riga ya faɗa? Na dangwala yatsa.

Na haƙa rami, na zuba kankare, na dasa injin. Mata daga ƙauyuka har na wajen Yankara suka riƙa kawo dawa da masara. Can wajen ƙarshen shekara matata ta samu ciki na fari, ni kuma na fara ganin kaina mutum.

Da shekara ta zagayo, wani ɗan kwangila ya zo neman wurin ajiye siminti. Alhaji ya aiko a ce in kwashe kayana. Na ƙi, ya kai ni gaban alƙali.

Nan na yi wautar da har yau take cin raina. Alƙali ya ɗaga takarda ya ce, “Wanga yatsanka ne?” Na ce nawa ne. Ya ce, “Kana da abin cewa?” Ga Alhaji zaune da furfurarsa, mutumin da ya yanka ragon sunana. Zuciyata ta ce ba a ƙaryata babba cikin taro, in na sunkuyar da kai za a ce mu je gida a yi sulhu. Na ce, “Allah gafarta Malam, Alhaji ubana ne, ba ni da ta cewa.” Magatakarda ya rubuta. Aka ba ni wata ɗaya in tashi.

Sai a lokacin hankalina ya tashi. Na ɗaukaka ƙara, na ɗauki maƙwabcin nan a motar haya muka tafi birni, yana ta maimaita shaidarsa a hanya kada ya manta. Ko bakinsa ba a bari ya buɗe ba. Babban alƙalin, ta bakin tafinta, ya ce shi ba aikinsa ba ne ya duba ko cinikin ya yi mini daɗi, ko Alhaji ya kyauta. Abin da zai duba kawai, an ba ni damar magana a kotun farko? An ba ni. Takarda tawa ce? Tawa ce. Na ce, “Ranka ya daɗe, kunya ce ta hana ni!” Tafinta ya juya maganar, alƙalin ya dube ni da tausayi, wallahi na ga tausayin, sannan ya rufe fayil. Na fito na zauna a gindin wata bishiyar bedi na yi kuka, ƙato da ni.

Da guduma muka fasa kankaren. Wurin ciro injin gindinsa ya tsage, makanike ya ce sai dai a sayar wa 'yan tsohon ƙarfe. Ranar da matata ta haihu ina gonar wani ina ƙwadago.

Bayan suna na haɗu da Alhaji a tashar Ƙanƙara. Wata biyu ina shirya maganar da zan gasa masa. Ya miƙo hannu ya ce, “Ɗana, ina mai jego?” Kafin in ankara gwiwoyina sun kai ƙasa, na ji bakina yana cewa, “Lafiya lau, Baba, tana gaishe ka.”