Bareyin Tsibirin Kawu

Ko tsufa zai kai ni inda zan riƙa tambayar jikokina sunayensu, na tabbata abu ɗaya zai rage a kaina daram, wato ranar da na ja ayarin manyan baƙi zuwa tsibirin kawuna kallon namun daji. Shekaru sun ja, gemu ya yi fari, amma har yau idan na ga an shafa wa duwatsun gefen hanya farar ƙasa saboda zuwan wani babba, sai in kau da kai.

Lokacin ba a daɗe da ba mu jiha ba. An kwaso mu daga Kano an zube a Dutse, ofis a gidan haya, mu huɗu a teburi ɗaya. Ni ƙaramin ma'aikaci ne a sashen yawon buɗe ido, sashen da bai taɓa yin baƙo ba in ban da mai tallan gyaɗa. Aikinmu mu sa hannu da safe, mu karanta jaridar jiya, mu jira azahar. Daraktanmu kuwa ya taɓa zuwa kwas na mako biyu a ƙasar waje, tun daga nan ba ya kallon dutse ko kududdufi sai ya hango Turawa sun yi layi da kyamara.

Ina da kawu, wan mahaifiyata, tsohon maharbi a wani ƙauye a yankin Taura. A bayan ƙauyensu kogi ya rabu biyu ya sake haɗewa, ya bar tsibiri a tsakiya, ba komai a kai sai duwatsu da sarƙaƙiya da ƙaya. Ba a noma shi, makiyaya ba sa shiga da shanu, mutanen gari kuma sun yi imani gidan iskoki ne. Daga baya na gane Kawu ne ya fi kowa yaɗa labarin iskokin nan, kuma ba banza ba. Wani hutun sallah ya tashe ni bayan asuba, muka tsallaka ruwa, muka yi ta rarrafe cikin ƙaya har gwiwata ta yi jini, muka kwanta a bayan wani dutse. Can sai ga bareyi sun sauko shan ruwa, garke guda, har da 'yan ƙanana suna tsalle a tsakanin ƙafafun iyayensu. Ban taɓa ganin abin da ya yi mini kyau haka ba, har numfashi na manta.

A hanyar dawowa ya ce mini su kaɗai suka rage a duk yankin, kuma saboda su ya rataye bindigarsa. “Hannuna ya ci irinsu da yawa, ɗan nan,” in ji shi. “Waɗannan kiwo nake yi wa Allah. Kada in ji zancen a bakin kowa.” Na ce, “Haba Kawu, sai ka ce wani yaro?” Har haushi na ji da ya ga kamar ba zan iya riƙe magana ba.

Na riƙe ta kuwa, wata uku cur. Rannan Darakta ya tara mu ya ce kowa ya kawo wurin da za a nuna wa duniya, wanda bai kawo ba kuma akwai gurbi a wata ƙaramar hukuma da mota ke zuwa sau ɗaya a mako. Wani ya kawo tsohuwar rijiya, wani ya kawo wata kuka da aka ce ta girmi garinsu. Darakta yana ta hamma. Ni kuma ga tsoron canjin wurin aiki, ga son a san da ni, ban san lokacin da na ji bakina ya ce, “Yallaɓai, ni na san inda bareyi suke,” ba.

Kafin takarda ta fito daga keken mai tafireta, tsibirin Kawu ya zama gandun daji mai ɗauke da bareyi da gada da kada, har da “alamun damisa”. Takarda ta tafi wajen ciyaman na ƙaramar hukumarsu, ciyaman ya aika wa hakimi, hakimi ya aika wa dagaci, kowa ya ƙara nasa gishirin. Kafin ta isa ƙauye, saƙon ya koma cewa gwamnati da kanta za ta zo duba dabbobi, kuma duk abin da ya lalace a wuyan dagaci yake.

Saura mako ɗaya na je na sami Kawu yana tufka igiya a ƙofar gida. Na tsugunna na yi ta kewaye-kewaye, na kawo zancen ci gaba, na kawo zancen cewa shi aka naɗa ɗan jagora, har kakin sawa za a ba shi. Bai ɗago ba har na gama.

“Da mota za su shiga?”

Na ce, “Landiroba ce, Kawu, ba ta jin dutse.”

“To madalla. Su bareyin an sanar da su, ko su ma takarda za a aika musu?”

Na yi dariyar yaƙe, shi bai yi ba. Ya dai san ba ya iya ce wa dagaci a'a, ga shi kuma ɗan ƙanwarsa ne ya jawo.

Ranar tafiya muka taso daga Dutse da Landiroba uku, cike da manyan ma'aikata da 'yan kasuwa daga Kano, da wata Hajiya mai kyamara da takalmi mai tsini, da alama an gaya mata biki za a je. Tsakiyar rani ce, ruwan kogi ya ja baya. Tun kafin mu hango mashigi muka fara jin kalangu. Ga 'yan makaranta sun yi layi a rana, ga maroƙi yana ta wasa Darakta da kirarin da ko kakansa bai sani ba, ga dagaci cikin babbar rigarsa ta sallah, fuska sai sheƙi take.

Ba na ganin laifin bawan Allahn nan har yau. An ce baƙonka annabinka, shi kuwa ya yi abin da duk mai mutunci yake yi idan manya za su zo. Kwana uku ya kira gayya. Sun cike mashigi da itace da buhunan yashi, sun sare hanya ta ratsa tsibirin daga wannan baki zuwa wancan, sun jera duwatsu a gefenta sun shafa musu farar ƙasa. Sannan suka cinna wa sarƙaƙiyar wuta. “Ranka ya daɗe,” in ji dagaci yana nuna wa Darakta filin toka da alfahari, “mun ga ciyawa za ta tare muku gani, ga kuma macizai. Yanzu ko ɓera ya gifta sai kun gan shi.”

Aka ɗora wa Kawu rigar kaki a kan tasa, aka zaunar da shi gaban mota, ni ina bayansa. Muka shiga. Mota ta hau wannan dutse ta dira a wancan, kan Hajiya yana gaisawa da rufi, makaɗa suna biye da mu a ƙasa don kada namun daji su ce ba a yi musu sallama ba. Kututturai na ta hayaƙi dama da hagu. Kawu ya yi aikinsa tsakani da Allah. Ya sa direba ya tsaya, ya nuna gindin wani dutse da ya yi baƙi ƙirin, ya ce, “Nan suke kwana, ranka ya daɗe. Wato har zuwa ranar Talata.” Muka ƙara gaba, ya nuna bakin ruwa ya ce nan suke sha, ga ma sawunsu nan a ƙarƙashin tayarmu. Wani Alhaji ya leƙo ya tambaya ina damisar take. Kawu ya waiwayo ya dube ni ya ce, “Ita a takarda take zaune, Alhaji. Sai ku tambayi ɗana.” Aka kwashe da dariya, aka ce tsohon nan akwai barkwanci. Ni dai da ƙasa za ta tsage da na shige.

Kada a ce ba mu ga komai ba. Mun ga ƙadangaru, mun ga shirwa tana shawagi tana tsintar abin da wuta ta gasa. A gindin wata tsamiya da ta tsira kuma muka tarar da biri ɗaure da igiya a ƙugu, wanda aka aro daga wani mai wasa a kasuwa, sai kunkuru a cikin daro. Birin yana ganin manyan riguna ya ƙame ya sara mana, don abin da aka koya masa ke nan. Hajiya ta ƙarar da fim guda a kansa. Darakta ya yi wa baƙi bayani cewa a ilmance manyan dabbobi ba sa fitowa da tsakar rana.

Da azahar aka shimfiɗa tabarmi a bakin kogi, aka kawo tuwon shinkafa da nama zuƙu-zuƙu. Yunwa ta ci ni, na kai loma ta uku ke nan dagaci ya miƙe ya yi gyaran murya. Ya ce wuta ta koro bareyi sun faɗa ruwa sun ɓullo ta gonakin gari, samari da karnuka kuma suka yi abin da suka saba. “Tunda ba su tsaya kun gan su a tsaye ba, ranka ya daɗe, muka ce bai kamata ku koma ba ku ɗanɗana ba.” Baƙi suka yi ta sa albarka, wani ya ce shi dama ya ji naman ya fi na akuya zaƙi. Naman da ke bakina ya ƙi gaba ya ƙi baya.

Sai aka jawo wani ɗan barewa ƙarami da igiya a wuya, ƙafafunsa na rawa, aka ce tsarabar Darakta ce. Kawu, wanda ko hannu bai sa a akushi ba, ya tashi ya je ya tsugunna gabansa ya shafa bayansa. Ya juyo ya cire hula, tsoho mai furfura, ya ce, “Yallaɓai, alfarma nake roƙo. A bar mini wannan. Bai isa yaye ba, ba zai rayu a birni ba.” Darakta ya dafa kafaɗarsa ya ce kada Baba ya damu, da wannan za a kafa gidan namun daji na jiha, kuma za a sa sunan ƙauyen a allo. Kawu bai dubi Darakta ba, ni ya duba. Ina da baki a lokacin, bakin nan da bai iya shiru ba a ɗakin taro, amma na sunkuyar da kai ina gyara igiyar takalmi.

Gidan namun dajin jiha ya yi kwana huɗu, ɗaure a jikin dalbejiya a bayan ofis. Ni aka ɗora wa ba shi madarar gwangwani da cokali, ni kuma na haƙa ramin da aka binne shi. Rahoto ya ce ziyara ta yi gagarumar nasara, aka ba ni takardar yabo, aka fasa tura ni ko'ina. Ba wani ɗan yawon buɗe ido da ya sake taka wurin. Hanya dai ta zauna, kuma tunda mutane sun ga an shiga da kalangu an fito lafiya, tsoron iskoki ya kau. Masu motocin itace suka gode mana ƙwarai. Kafin shekarun da aka ƙaddamar da shari'a, tsibirin ya koma gonakin albasa.

Na je na ba Kawu haƙuri. Ya ce, “Ba komai, ɗan nan,” irin ba komai ɗin da gara a zage ka. Bai taɓa fasa amsa gaisuwata ba, bai fasa aiko wa 'ya'yana da zuma ba. Bayan wasu shekaru mahaifiyata ta ce mini har yanzu yakan ɓace da sassafe ya dawo da ƙaya a wando, fuskarsa a sake. Raina ya biya. Na same shi mu biyu, na rage murya na ce, “Kawu, ko akwai waɗanda suka tsira ne?” Ya dube ni ya ce, “Ni gona nake zuwa.” Har ya koma ga Mahaliccinsa bai sake nuna mini ko ramin kurege ba, kuma ya yi daidai.

Abin da na koya shi ne, akwai abin da rashin saninsa ne kaɗai katangarsa, kuma wanda ya nuna maka irinsa ba labari ya ba ka ba, amana ya ba ka. Hausawa sun ce baki shi ke yanka wuya. Nawa bakin bai taɓa wuyana ba, har ƙarin girma ya samo mini. Wuyan bareyi ya yanka, ya haɗa da yardar tsohon da ya ɗauke ni mutum.